Me ya sa ido ke zazzagowa a katun?

Ka tambaye ni jiya, ɗana, me ya sa nake mayar maka da zane in ce ka ƙara wage baki, ka ƙara zaro ido, alhali ba mutumin da fuskarsa ke yin haka. Jawo kujera ka ji.

Sana'ar nan bebiya aka haife ta. Lokacin da muzurun nan Felix ya bayyana a Amurka a 1919, fim ba shi da murya. In tsoro ya kama shi ba halin ihu, sai ido da gira da wutsiya su isar da saƙo. Ga shi kuma layin tawada ba fata ba ne. Fuskar mutum cike take da ƙananan motsi, kai kuwa layi biyar ko shida ne a hannunka. In ka kwafe ta yadda take, a allo sai ta fito sandararriya, ba rai.

Ko da murya ta zo wa ɓeran nan Mickey na kamfanin Disney a 1928, ba a bar wannan ba, gyara shi aka yi. Masu zanen Disney suna koya wa sabon shiga da buhun fulawa mai rabin ciki: ya lotse, ya miƙe, amma fulawar ba ta ƙaru ba, ba ta ragu ba. Haka kunci yake. In ka ja haɓa ƙasa, dole kumatu su tsuke.

Tex Avery, wani daraktan katun na Amurka, shi ne ya kai abin maƙura. Kyarkecinsa na 1943 a kamfanin MGM, idanunsa fita suke yi daga kai ɗungurungum. Shi yaran yanzu ke kwaikwayo, kuma nan suke tuntuɓe. Ka tsayar da fim ɗin irin wannan, ka bi shi hoto-hoto, 24 ne a daƙiƙa guda. Kafin ido ya zazzago, sai an fara runtse shi, fuska ta dunƙule kamar an matse lemo, sannan ta fashe, ta ɗan tsaya mai kallo ya gani, ta dawo. Kai tsakiyar kawai ka zana, shi ya sa naka bai ba da dariya ba.

Ni dai Chuck Jones, shi ma daraktan katun, ya fi kwanta mini a rai. Gira ɗaya zai ɗaga a zanensa, ɗakin kallo ya ɓarke da dariya.

Gobe ka zo da ƙaramin madubi ka girke shi a teburinka, yadda na da suke yi. Ka razana a gabansa sau goma, ka zana mini runtsewar kaɗai tukuna.