Tambaya da Amsa: Me Ya Sa Hanya Ke Yankewa A Bakin Gada?

Tambaya: Ni direban kamiyo ne a Yamai. A watan Agustan 2024 ruwa ya yanke hanyar Doso a Sorey, kusa da Yamai. Me ya sa sau da yawa bakin gada ne ke ɓallewa alhali gadar na tsaye? Kuma yaya za mu gane ko ana iya hayewa?

Amsa: Malam direba, Allah ya kiyaye hanya. Gada siminti ce da ƙarfe, amma hanyar da ke hawa kanta cikon jar ƙasa ce da aka daddanne. Idan ƙorama ta kawo ruwan da ya fi ƙarfin ƙofofin gadar, ko yashi, leda da itatuwa sun toshe su, sai ruwan ya taru, ya koma gefe yana cin cikon nan ta ƙasa. Kwaltar sama kan yi kamar lafiya lau, alhali ƙarƙashinta rami ne. Shi ne abin da ya fi tayar da hankali, don ido ba ya ganinsa.

Ka sauka ka duba mahaɗar kwalta da simintin gada. Tsaga a gicciye, lotsawa ko da ta yatsu biyu, ko ruwa yana juyi kamar ana dama fura a gindin ginshiƙi, kowanne ya isa ka tsaya.

Idan ruwa ya hau kan hanya yana gudu, santimita 15 na iya kayar da mai tafiya a ƙasa, 30 na ɗaga ƙaramar mota, 60 kuwa na jan babbar mota. Nauyin kaya ba ya ceton kamiyo. Shi ne ma ke ƙarasa cikon da ya jiƙe. Ruwan ƙorama kan sauka cikin sa'o'i. Kogin Isa ne ke daɗewa: a Yamai, tsayin ruwan kogin da ke nuna babban haɗari santimita 620 ne, kuma a 2020 ruwan ya wuce haka.

Gyara na gaskiya a rani ake yin sa. A yashe ƙofofi, a jera duwatsu cikin ragar waya a bakin gadar da ƙasanta, sannan a mayar da ciko hawa-hawa, kowane hawa kada ya wuce santimita 30, a yayyafa ruwa, a danne da inji kafin a zuba na gaba.