Miyar sosej irin ta Italiya: me za a saya, me za a bari a kanti?

Tunda sanyi ya fara kankama, saƙonnin da ke zuwa mini sun karkata ga abinci mai romo da ɗumi. Huɗu daga ciki a kan abu ɗaya suke, wato miyar nan mai kauri ta Italiyawa da ake haɗa sosej da wake da kayan lambu a tukunya guda. Na tattara su wuri ɗaya.

Tambaya: Anti, barka da aiki. Maigidana ya ci wannan miya a wata tafiya da ya yi, tun da ya dawo ba shi da zance sai nata. Na je babban kanti na tarar da sosej kala-kala a firji, na kaza da na shanu, har da wasu sirara jajaye. Wanne zan ɗauka? Wata amarya daga Kaduna.

Amsa: Ƙanwata, ki bar su duka inda kika gan su. Yawancin waɗannan dafaffu ne tun daga kamfani. An markaɗe naman ya koma kamar ƙullu, sau da yawa har da sitaci a ciki, an dafa, an rufe a leda. A sa a burodi yara su tafi makaranta, to, babu laifi. Amma in kika jefa su a miya kumbura kawai za su yi, su sha ruwa, romon bai ƙaru da komai ba.

Wanda Italiyawa ke kira salsiccia ɗanyen nama ne, niƙarsa ba ta yi laushi ba, kina ganin kitsen fari-fari a jikinsa. Idan ya hau wuta kitsen ya narke, a cikin wannan man ake soya sauran kayan, daga nan miyar take samo daɗinta. Sai dai a can da naman alade ake yin sa. Wanda ake sayarwa a Amurka da sunan sosej ɗin Italiya shi ma galibi alade ne, an ƙamsasa shi da wata ƙwayar kayan ƙamshi da ake kira shammar, akwai mai yaji akwai marar yaji. Ina fata dai maigidan naki a wurin masu halal ya ci tasa.

Saboda haka wurin mahauci za ki, ba kanti ba. Ki sayi naman sa kilo ɗaya, amma kada ki bari ya ba ki zallar tsoka. Kamar kashi ɗaya cikin huɗu ya zama kitse. In kin samu tozo kin huta, in babu ki ce ya haɗa miki da kitsen rago kaɗan. A niƙa sau ɗaya kawai, da manyan huda. Karon farko da na gwada na sa an cire mini kitsen tas, wai ni mai kula da lafiya, sai ga nama ya fito a tukunya kamar tsakuwa, yara suna tsince shi suna turawa gefen kwano.

A kilo ɗaya ki zuba gishiri giram 18, wajen cokalin shayi 3 ke nan, da shammar babban cokali 1, tafarnuwa ƙwaya 4 dakakkiya, masoro cokalin shayi 1, garin busasshen tattasai babban cokali 1, sai barkono gwargwadon bakin gidanku. Shammar ɗin a shagon magungunan Musulunci ko wurin masu kayan ƙamshi za ki same shi. Ki lura kada a ba ki yansun a madadinsa, don suna kama: ƙwayar shammar ta fi tsawo, tana da ɗan kore, ta yansun ƙanana ce, ta fi zaƙin ƙamshi. Ki ɗan gasa shi a busasshen kasko, ki daka sama-sama. Ki zuba ruwan sanyi kamar babban cokali 3, ki cuɗa da hannu har sai naman ya fara danƙo yana manne miki a tafi. Ki rufe ki sa a firji ya kwana. In wuta ba ta da tabbas, ki bar shi awa ɗaya cikin kula da ƙanƙara ki dafa a ranar.

Kada ki wahalar da kanki da ɗura shi a hanji. Ko a Italiya masu girki da yawa tsaga hanjin suke yi su fito da naman in miya za su yi. Ki gutsuttsura shi kamar girman goro, shi ke nan.

Ga yadda nake yi wa mutum shida. Rabin kilo na wannan nama, a soya a mai kaɗan, kada a cika tukunya, kada kuma a yi ta juyawa. A bar shi ya yi ja sosai ta gefe ɗaya kafin a juya. Za ki ga wani ƙanzo mai ruwan ƙasa ya kama gindin tukunya, kada ki tsorata, shi ake nema, in dai bai yi baƙi ba. Ki kwashe naman, ki zuba albasa 2, karas 2 da sanda 2 na seleri, wato wani ganye mai dogon kara da ƙamshi, duk yankan ƙanana. Wannan haɗin uku shi Italiyawa ke kira soffritto, kuma a kan ƙaramar wuta ake yin sa, minti 10 ko fiye, har albasa ta yi laushi ta saki ruwan da zai narkar da ƙanzon. Mu da muka saba soya albasa a mai mai zafi cikin minti biyu, nan ne haƙurinmu ke ƙarewa. Sai tumatir, sai romo kamar lita 1, dankalin Turawa 4, a mayar da nama, a rage wuta ta yi ta ɓararraka a hankali rabin awa. Dafaffen wake kofi 2 da kabeji su shiga a minti 10 na ƙarshe.

Tambaya: Mama, ina karatu a Turin, ni nake yi wa kaina girki. Na ga sosej an rubuta na kaza ne ko na talotalo. Ya halatta in saya? Kuma duk girkin da na duba sai na ga an ce a zuba giyar inabi. Ɗanki daga Italiya.

Amsa: Ɗana, hukunci na malamai ne, ni dai zan nuna maka inda za ka duba. Kada ka tsaya ga babban rubutun gaban leda, juya baya ka karanta jerin kayan haɗi. Suino da maiale duk alade ne. Strutto da lardo kitsensa ne, pancetta da guanciale kuma naman cikinsa da na kumatunsa. Sosej ɗin kaza, pollo, ko na talotalo, tacchino, sau da yawa ana ƙara masa naman alade ko kitsensa don kada ya bushe. Sannan ka nemi kalmar budello, wato hanjin da aka ɗura naman a ciki. Nama na iya zama na sa, hanjin kuma na alade. Vino giya ce, kuma ana zuba ta a cikin sosej ɗin kansa. Bayan duk wannan ga maganar yanka.

Hanya mafi sauƙi, ka nufi wajen kasuwar Porta Palazzo, akwai mahauta masu sayar da halal a kewayenta. Ka sa su niƙa maka nama da kitse ka haɗa da kanka kamar yadda na gaya wa ƙanwarka ta Kaduna. Shammar a can semi di finocchio ne. Za su nuna maka merguez, siririn sosej ja na Arewacin Afirka da ake yi da naman rago ko na sa. Yana da daɗi kuma yana yin miya, amma da yaji da kammun aka haɗa shi, don haka ƙamshin Maroko za ka ji, ba na Italiya ba.

Giyar kuwa aikinta biyu ne, ta kankare ƙanzo ta kuma kawo ɗan tsami. Ludayin romo yana yin na farko, cokali ɗaya na khal ko matsin lemun tsami a ƙarshe yana yin na biyu.

Tambaya: Hajiya, an ce sai da tumatirin gwangwani na waje, da man zaitun, da wani farin wake na gwangwani. Na duba kuɗinsu na ajiye. Dole ne? Wata uwargida daga Kano.

Amsa: 'Yar'uwa, kin yi daidai da kika ajiye. Tumatirin da ake ta yi wa kirari sunansa San Marzano, dogo ne mai tsoka da ƙarancin 'ya'ya, ana noma shi a kusa da birnin Napoli na Italiya. Italiyawa suna sa shi a gwangwani ne saboda hunturunsu ba ya fitar da tumatir. Ke kuwa lokacin sanyi shi ne lokacin da na noman rani ke cika kasuwar Yankaba. Ki zaɓi dogon nan mai tsoka wanda ya nuna jajir, guda 6 ko 7 sun tsaya a madadin gwangwani mai giram 400. Ki tsoma su a tafasasshen ruwa minti ɗaya, ki sule bawon, ki yayyanka. Kada ki kai markaɗe, kuma kada ki haɗa da tattasai da attaruhu kamar za ki yi jar miya, in ba haka ba miyar shinkafa za ki samu da wake a ciki. Da damina, sa'ad da tumatir ke tsada ga ruwa, nan ne gwangwanin ke da amfani. Na leda mai kauri kuma cokali ɗaya ya isa, a soya shi tare da albasa.

Man zaitun ba sai kin yi suya da shi ba, tunda kitsen nama ne zai yi yawancin aikin. Man gyaɗa cokali biyu ya wadatar. In kina da hali ki sayi ƙaramar kwalba mai kyau, wadda aka rubuta extra vergine, ki ɗiga a kan kowane kwano bayan an zuba. A nan ne ake jin sa. Manja dai kada ya kusanci tukunyar.

Maganar wake ita ta fi ba ni dariya. Farin da kika gani cannellini ne, mutanen yankin Tuskani na Italiya sun shahara da cin sa. Amma shi da tumatir duk baƙi ne a Italiya, daga nahiyar Amurka aka kai su a ƙarni na 16. Kafin zuwansu, cikin waken da Italiyawa suka sani akwai wanda suke kira fagiolo dall'occhio, wake mai ido, kuma har yau suna dafa shi. Wannan kuwa shi ne namu na kosai da alala, ɗan asalin Afirka, wanda Najeriya da Nijar suka fi kowace ƙasa nomawa. To me zai kai ki sayen na gwangwani? Ki dafa naki daban har ya yi laushi bai fashe ba, domin tsamin tumatir yana hana wake nuna da wuri. Kanwa kuma ki bar ta, tana dagargaza shi ta duhunta romon. Ruwan dahuwar kada ki zubar, ki haɗa da romo, ki kuma murƙushe ludayi ɗaya na waken a ciki, shi zai ba miyar kauri.

In seleri ya yi wuyar samu ki sa lawashi. A wurin kabeji alayyahu ma yana yi, sai dai shi minti uku ya ishe shi. Kabewa tana shiga, ta ƙara ɗan zaƙi.

Tambaya: Anti, kayan aure nake haɗawa, ina ganin tukwanen ƙarfe masu fenti na waje ana cewa su ne na irin wannan girki. In saya? Kuma da me ake cin miyar? Ƙanwarki daga Zinder.

Amsa: Allah ya sanya alheri. Abin da ake buƙata gindi mai kauri ne da murfi mai kamawa, don nama ya yi ja bai ƙone ba. Masu fentin suna da kyau kuma suna daɗewa, amma ga nauyi ga tsada, fentin kuma yana ɓantarewa in ana kankara da cokalin ƙarfe. In kuɗin zai taɓa wani abu mai muhimmanci a kayan ɗaki, tukunyarmu ƙirar gida mai kauri ta ishe ki. Sharaɗi ɗaya, kada miyar tumatir ta kwana a cikinta, don tsamin yana cin jikin alminiyom ya sauya ɗanɗano. Ki juye a roba mai murfi, ta shiga firji kafin awa biyu, a cinye cikin kwana uku. Washegari ta fi daɗi. Mutanen Tuskani suna da miyar wake da ganye da busasshen burodi da suke kira ribollita, ma'anar sunan wadda aka sake tafasawa, ɗumame ke nan da Hausa.

Ku a Zinder kun more, dogon burodin nan irin na Faransa marar sukari shi ya dace, a gasa shi a goga masa tafarnuwa. Namu na Najeriya zaƙinsa ya yi yawa, gara gurasa. A arewacin Italiya kuma da polenta suke ci, garin masara ne ake tuƙawa da ruwa da gishiri. In kin iya tuwon masara, ki sassauta tuƙin ya yi ruwa-ruwa, ki zuba a faranti mai zurfi, ki kwarara miyar a kai.