Tambaya da Amsa: Ina komin ɗinmu ta 2004 ta shiga?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni tela ne a unguwar Bagalam, nan Maraɗi. Mahaifina, Allah ya ji ƙansa, ya sha ba mu labarin zaɓen kansiloli na 2004, yana cewa a lokacin komin ɗinmu, wato ƙaramar hukumarmu, mai cin gashin kanta ce, da majalisarta da kuɗinta. Ni kuwa tun da na yi wayo "arondisma" nake ji ana faɗi. Ina waccan komin ta shiga, kuma sau nawa aka yi irin wannan zaɓe?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗana. Allah ya gafarta wa mahaifinka, gaskiya ya gaya maka.

Dokokin da aka yi a 2002, zamanin Shugaba Tandja Mamadou, su ne suka yanka ƙasar Nijar zuwa komin 265. Birnin Maraɗi ya samu uku, ta 1 da ta 2 da ta 3, kuma aka ɗora musu wata hukuma ta haɗin gwiwa a sama don ayyukan da suka shafi gari baki ɗaya. Ranar 24 ga Yuli 2004 aka fita zaɓe, cikin tsakiyar damina. Ba mutum guda ake zaɓa ba. Kowace jam'iyya tana kawo jerin sunayen 'yan takararta, a raba kujeru daidai da ƙuri'un da ta samu, sannan kansilolin su shiga zaure su fitar da magajin gari daga cikinsu. Shi ya sa hayaniyar da ke biyo bayan zaɓe takan fi ta ranar zaɓen zafi: jam'iyyar da ta zo ta uku tana iya zama ita ce mai naɗa sarauta. A faɗin ƙasa jam'iyyar MNSD-Nassara ce ta fi kwasar kujeru a shekarar, amma a nan gida an ga ƙarfin RSD-Gaskiya ta Cheiffou Amadou, wadda a farkon shekarar 2004 ta ɓalle daga CDS-Rahama.

Abin da ya sa dattawa irin mahaifinka ba su manta da 2004 ba shi ne an taɓa yi musu ƙwalele. An yi zaɓen ƙananan hukumomi a Fabrairun 1999 zamanin Janar Ba'are, kotu ta soke sakamako a wurare da dama, ƙasa ta yamutse, a watan Afrilu aka kashe Ba'are, kansilolin ba su taɓa zama ba. Saboda haka da aka rantsar da na 2004, mutane sun ji kamar yanzu ne mulki ya sauko ƙofar gida. Na ga yadda tsofaffin mata suke tare kansila a bakin rariya, su kira shi da sunan da uwarsa take kiransa, su nuna masa inda ruwan sama ya ci gindin katanga. Ba ya iya wucewa, domin gobe a masallaci ɗaya za su yi sallah da mazajensu.

An sake zaɓe a Disambar 2009, lokacin Tazarce, wato yunƙurin Shugaba Tandja na tsawaita mulkinsa, 'yan adawa suka ƙaurace. Wata biyu bai cika ba Salou Djibo ya yi juyin mulki ranar 18 ga Fabrairu 2010, majalisun suka tafi da ruwa.

To, a wannan riƙon ƙwarya ne komin ɗinku ta sauya. A Satumbar 2010 aka fitar da dokar da ta mayar da Yamai, Maraɗi, Tawa da Damagaram birane masu matsayi na musamman. Komin uku na Maraɗi suka koma da'irori, su ne arondisma da kake ji. Ba a share su daga taswira ba, an bar wa kowace magajin garinta da ofishinta, kuma can kake zuwa neman takardar haihuwar ɗanka. Sai dai asusu ya koma hannun majalisar birni. Kuɗin tikitin da ake yanka wa mai tumatir a kasuwa, da harajin shagonka na ɗinki, sai sun shiga babbar ma'aikatar magajin gari kafin da'ira ta ga rabonta.

A ganina gyaran yana da hujja. Rariyar da ta taso daga tudu ta gangara wajen Gulbi ba ta san iyakar komin ba, haka ma bola. Amma an biya shi da tsada, domin kansilan unguwa ya zama mai kai kuka kawai. Ka tare shi kan magudanar da ta toshe, ya ce maka kuɗi suna sama.

A sabon tsarin an yi zaɓe ranar 11 ga Janairu 2011, wanda ya kawo Kassoum Moctar kujerar magajin garin Maraɗi, mutumin da daga baya ya kafa jam'iyyar CPR-Inganci har ya nemi shugabancin ƙasa a 2016. Wa'adin majalisun shekara 5 ne, amma aka yi ta ɗage zaɓe ana ƙara musu lokaci har 13 ga Disamba 2020. Kusan shekara goma ke nan ba a tambayi talaka ra'ayinsa kan mai kwashe masa shara ba, kuma wannan ya fi komai ci mini rai a tarihin nan. Waɗanda aka zaɓa a 2020 su ma ba su kammala ba: bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023, gwamnatin Janar Tiani ta rusa majalisun a Afrilun 2024, ta naɗa kantomomi.

Idan ka lissafa, sau 5 ke nan tun 1999, amma komin ɗin da mahaifinka yake magana majalisa ɗaya tak ta samu da ta yi aiki sosai, ta 2004. Wasu daga cikin kansilolinta suna nan da rai a Bagalam da Mokoyo da Limanci. Ka tambayi abokan mahaifinka a majalisar yamma su haɗa ka da ɗaya, ka tafi da littafi da biro, ka fara da tambayarsa yadda suka zaɓi magajin garinsu.