Ga ƙanwata ta Maamobi da ta ce ta gaji da ruwa

Wa alaikumus salam, ƙanwata. Tun daren jiya na karanta tambayarki, na kasa ba ki amsa a lokacin saboda ƙwalla ta cika mini ido. Kin ce bana ma ruwa ya shigar muku ɗaki, ya jiƙe katifa da littattafan yara, in damina ta wuce kuma zafi ya karɓe ku, ga tsadar hatsi, ga masana a rediyo suna cewa abin ƙara muni zai yi. Kika tambaya ko ki kwashe yara ki koma Walewale, can arewacin Ghana, wajen iyayenki, da kuma yadda mutum zai hana zuciyarsa mutuwa. Ciwon 'ya mace na 'ya mace ne. Babu ɗaya cikin abin da kika lissafa da ban ɗanɗana ba.

Ni a Alajo, nan cikin Accra, nawa ya same ni. Ba sai na yi wa kowa a nan bayanin Alajo ba, an san mu tsakanin rafukan Odaw da Onyasia muke. Ranar Laraba ce, 3 ga Yunin 2015, azumi saura kamar mako biyu. Kin san yadda ake rige-rigen ɗaura aure kafin wata ya kama, to ɗakina cike yake da atamfofin yayin biki da leshin mutane, wasu na yanka, wasu ko almakashi ban sa musu ba. Bayan isha'i aka ɗauke wuta. Ina laluben ashana na ji sanyi a ƙafata. Ta ramin banɗaki ruwan ya fara ɓullowa, baƙi, yana wari, kafin ya zo ta ƙofa. Na goya ƙaramin, na ɗora yayarsa a kan teburin keken ɗinki, na ce ta riƙe kan keken kar ta saki. Kafin in kwashe kayan mutane zuwa saman kwaba ruwa ya kai mini gwiwa, kafin in juyo ya kai ƙugu. Na ja ƙofa ta ƙi buɗuwa, ruwan waje ya danne ta. Ina ihu, yarinya tana ihu, ƙarar ruwa a kan kwano ta hana kowa ji. Wallahi na yi kalmar shahada na sake yi. Samarin gidan da ke bayanmu ne suka fasa taga suka zaro mu ɗaya bayan ɗaya, suka hau da mu kan rufi. A nan muka zauna ruwa na dukanmu, na rufe yaran da zanen da ke jikina.

Daga kan rufin nan muka hango sama ta yi ja ta wajen Circle, babbar mahaɗar hanyoyin nan ta Accra. Ba wanda ya san mene ne. Maigidana a Circle yake gyaran waya. Na kira, na kira, ba ta shiga. Wani ya ce gidan mai ne ya kama da wuta, kuma mutane sun cika wurin suna fakewa. Ƙanwata, ban san yadda zan kwatanta miki wannan daren ba. Ga yara a hannu suna karkarwa, ga wuta ina kallo, ban sani ba ko ni matar aure ce ko mai takaba. Sai da gari ya waye sosai na gan shi yana tahowa ba takalmi, laka har ƙirji. Ya ce ya nufi gidan man nan zai fake, ya ga cunkoso ya yi yawa, sai ya haye wani bene. Mutum sama da 150 suka rasu a daren, aka yi zaman makoki na kwana uku a ƙasa baki ɗaya. Allah ya jiƙansu da rahama. Akwai wanda muka sani a ciki, ta zoben hannunsa aka gane shi.

Ruwa dai na yafe masa, aikin da aka sa shi ya yi. Mai gidan da muke haya ne har yau in na tuna shi sai na yi a'uziyya. Ƙarshen hunturu muka kama ɗakin, ya karɓi kuɗin shekara biyu cif, alhali doka wata shida ta ce, amma wa ke bin ta? Ɗaki ya sha sabon fenti shuɗi, yana ƙyalli. Na tambaye shi da bakina ko ruwa na shiga, ya ce ko a tsakar gida ba ya kwana. Da ruwa ya janye fentin ya fara ɓarewa, sai ga tsofaffin layuka a bango, wani bisa wani, kamar an ja su da gawayi. Ashe ya sani. Ashe ɗakin namu ma cikin waɗanda ya ƙara ne a baya, daidai inda ruwa ke bi ya faɗa gota. Muka je da dattawa biyu a kan ya mayar mana da ragowar kuɗinmu mu nemi wani wuri. Yana zaune yana jan carbi ya ce, "Ruwa na Allah ne, ni na saukar da shi?" Ko sannu bai ce mana ba. Ko ya jikin yara bai tambaya ba. Keke na ya yi tsatsa, kayan mutane sun rine sun ruɓe, na ɗauki tsawon lokaci ina biya kaɗan-kaɗan, wata ta tsare ni a tsakiyar kasuwar Nima tana zagi a kan leshinta, shi kuwa ko kwabo bai fita daga aljihunsa ba. Muna tashi ya sake shafa fenti ya sa wasu amare. Na taka har can na gaya wa amaryar komai, ya aiko a ce mini ina ɓata masa suna. Na bar shi da Allah, akwai ranar da fenti ba zai rufe komai ba. Ita kuwa wata Hajiya da atamfofinta suka fi na kowa yawa, cewa ta yi, "Kin fita da ranki da 'ya'yanki, atamfa mece ce?" Allah ya saka mata da Aljanna.

Don haka in za ki canja ɗaki, kar ki saurari ejan, wato dillalin gidaje. Ki tambayi mai kokon da ke bakin layi, ita ta san gidan da ke kwashe kaya waje duk watan Yuni. In kin ga sabon fenti iya ƙugu, ki kankare da farce ki duba.

Maganar Walewale kuwa, ba zan ce kar ki je ba, mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Amma kar ki tafi da tunanin can babu wannan abu. Ɗan baffana yana noma kusa da Pwalugu, can arewan. A 2024 ruwa ya ɗauke musu tun Yuli har cikin Agusta, masara ta ƙone a tsaye, har gwamnati ta hana fitar da masara da shinkafa da waken suya ƙasashen waje a ƙarshen Agustan. Ai kin ga yadda olonkar masara, wato kwanon awo, ta yi tashin gwauron zabi a nan. Shekarar da ruwa ya yi kyau kuma, sai a buɗe dam ɗin Bagre a Burkina Faso wajen Agusta ko Satumba, Farin Volta ya cika ya kwanta a kan gonakin bakin kogi ana dab da girbi. Mutanen Mepe fa, me suka yi? A 2023 aka saki ruwan dam ɗin Akosombo, garinsu ya nutse, dubban mutane suka koma kwana a ajin makaranta. Ko'ina abin ya kai. Ki zaɓi inda kike da sana'a da mutanen da za su fasa miki taga cikin dare. In can ne, to ki fara zuwa ke kaɗai da damina ki gani da idonki kafin ki cire yara daga makaranta.

Abin da masanan suka faɗa gaskiya ne, ba zan yaudare ki ba. Ni a Nima na tashi. Muna yara hunturu kan zo da lokacinsa, leɓe ya tsage, a shafa mana man kaɗe, damina ma tsofaffi kan faɗi makon da za ta sauka. Yanzu ruwan da kan sauka cikin kwanaki shi ke zubowa cikin awa biyu. Yarinyar nan da na ɗora a kan tebur, yanzu ta girma, ita ta yi mini bayani daga karatunsu: hayaƙin man fetur da gawayin masana'antu ke riƙe zafi a sama, iska mai zafi kuma ta fi ɗaukar danshi, shi ya sa in ta sauke sai ta sauke gaba ɗaya. An ce tun da aka fara auna zafin duniya ba a taɓa ganin shekara mai zafi irin 2024 ba a lokacin. Abin da ke ƙona mini rai, mu da ko masana'anta ɗaya ba mu da ita a unguwa, mu ne ke kwana a kan rufi.

Sai dai akwai wanda ke hannunmu, kuma a nan nake faɗa da mutanenmu. Ko'ina an shafe da siminti, ruwa bai da inda zai nutse. Hadari na haɗuwa za ki ga mace da hankalinta ta fito da bokitin shara ta juye a gota, wai ruwa zai tafi da shi. Ina zai kai shi? Ɗakin wata zai kai shi, can ƙasa. Ki leƙa babbar gotar da ta raba Nima da Maamobi, ledar piya wata ce fal, har Odaw, har tafkin Korle. Mun manta kwalarar 2014 da ta kwantar da dubbai a Accra? Kuma yaran nan 'yan kayaye, masu dako a kasuwa, da ke kwana a bakin shaguna, da yawansu fari ne ya koro su daga arewa, in ruwa ya sauka ba wanda ke tambayar ina suka kwana. Mu riƙa buɗe musu zaure, don Allah.

Ki samu bokitin fenti mai murfi, ki zuba katin Ghana da na inshorar lafiya da takardun haihuwa da na makaranta a ciki, ki rataye a ƙusa kusa da silin. Ki sa magini ya ɗaga miki dokin ƙofa da bulo jeri biyu ko uku, gadon ma a ɗora shi a kan bulo. Ramin banɗaki ki tanadi abin toshe shi, ta nan ya ci ni. Ruwa na taɓa ƙofa ki kashe mita, kar ki tsaya kwashe kaya, ki fita tun ƙofa na buɗuwa. Yara su san gidan benen da za su nufa ko ba kya nan. Kada kowa ya fake a gidan mai, kada kowa ya ce zai tsallaka gota don ya saba da hanyar. Kuma ki samu wani a sama, wajen Achimota ko Dome, da zai kira ki in ana tafka ruwa a can, don ruwan da ke gangarowa daga sama kan cika Odaw ko da nan yayyafi ake yi. Sanarwar hukumar yanayi ma ki daina raina ta. Lambar gaggawa 112 ce, ki koya wa yaran.

Zafi kuwa, daga Fabrairu zuwa Afrilu kwano ke gasa mu. Mu mun sa silin na filawud, muka shafa wa kwanon farin fenti, an samu sauƙi ƙwarai. In za ku kwana a waje to da gidan sauro. Tsofaffi ki riƙa tura musu ruwa ko ba su nema ba, musamman da azumi ya faɗo cikin bazara a shekarun nan.

Kin tambayi zuciya. Har yau in hadari ya haɗu da dare ba na barci, sai in zauna bakin gado ina sauraron gota. Kar ki bari wani ya ce miki rashin imani ne. Abin da ya tashe ni tsaye shi ne na daina jiran shekarar da ruwan zai yi sauƙi, na koma neman abin da zan yi kafin ya zo, kuma ba ni kaɗai ba. Matan layinmu muka buɗe adashi daban da na biki, muna kiransa na damina. Wadda ruwa ya shiga ɗakinta ita ke ɗauka, ba a bin layi. Da shi aka ɗaga ƙofofi da yawa, da shi aka saya wa wata bazawara katifa. Kafin Afrilu muna yin gayya mu yashe gota, mu matsa wa asambuliman, wato kansilan unguwa, ya kawo motar da za ta kwashe dattin, don in aka bar shi a bakin gota ruwan farko zai mayar da shi. Samarin da ake cewa ba su da amfani, su ke shiga cikin laka har cinya, mu kuma mu dafa musu waakye. Ranar da aka yi wannan aiki ina kwana da sauƙin rai ko da an yi tsawa.

Malaminmu na islamiyya ya karantar da mu hadisin Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, cewa in alƙiyama za ta tsaya alhali akwai dashen dabino a hannun ɗayanku, in zai iya dasawa kafin ta tsaya to ya dasa. Da aka fara rabon itatuwa na Green Ghana a Yunin 2021 na karɓo darbejiya da mangwaro. Awaki sun cinye mangwaron, darbejiyar kuwa muka kewaye ta da tsofaffin buloli, yanzu a ƙarƙashinta masu koko ke zama. Ko fili ba ki da shi, zogale na fita a buhun siminti.

Ki daina sauraron labaran nan da dare, ki bari sai da rana kina cikin mutane. Kuma kar ki yi kukan ke kaɗai a ɗaki, ki fito ki gaya wa maƙwabciyarki, ita ma ba ta barci. Asabar mai zuwa bayan asuba muna yashe gota, ki zo ko ba za ki taɓa shebur ba, ki ga yadda muke tsara adashin ki kai wa matan layinku. Ki auno mini faɗin ƙofarki da igiya ki taho da ita, akwai ragowar bulo a wajenmu, maginin ma ɗan unguwa ne, zai yi miki sauƙi.