Shekara 12 ina wasan kwaikwayo, yanzu an ce in zaɓa tsakanin albashi da fim

Assalamu alaikum Anti, da fatan kina lafiya, Allah ya ƙara basira.

Ni ɗan wasan kwaikwayo ne, shekaruna 36, kuma shekara 12 ke nan ina wannan sana'a. Mafi yawan aikina a kan dandamali ne, tare da wata ƙaramar ƙungiya da muke kama hayar zaure mu yi wasa na mako biyu ko uku, sai kuma finafinai masu zaman kansu, irin waɗanda babu wani babban kamfani a bayansu. Na fito a guda tara, uku daga cikinsu har yau ba su fita ba. Tsakanin wasa da wasa nakan yi duk aikin da ya samu, koyarwa ko tuƙi, don kada gida ya tagayyara.

Matata tana da cikin wata biyar, kuma shi ne na fari. Albashinta ne yake biyan kuɗin haya tun da muka yi aure, ba ta kuwa taɓa yi mini gori ba. Sai dai a makon jiya na farka cikin dare na same ta zaune da fitilar waya tana lissafi a bayan takardar wasan da nake haddacewa, da ta ga na tashi sai ta kife takardar ta ce ba komai. Da safe na duba, na ga ta jera kuɗin asibiti da na haya da na kayan jariri, ta ja layi a ƙasa ba ta rubuta jimla ba.

Yanzu abubuwa biyu sun zo mini a lokaci guda. An ba ni aiki na dindindin a wani kamfani, daga safe zuwa yamma, za a fara wata mai zuwa. Sannan wani darakta, abokina da muka fara wannan harka tare, ya ba ni matsayin jarumi a fim ɗinsa na biyu, za a yi mako shida ana ɗauka a daidai wannan lokaci. Labarin ya fi duk wanda na taɓa karantawa kyau. Amma ya ce babu kuɗin sallama yanzu, sai an sayar da fim. Haka ya faɗa mini a fim ɗinsa na farko shekara uku da suka wuce, kuma har yau ban ga ko sisi ba, duk da na ji daga wani bakin cewa an sayar da shi. Ban taɓa tambayarsa ba saboda ina jin nauyinsa. Ya ce wannan karon zai kai fim ɗin Sundance, wani babban bikin finafinai da ake yi a Amurka, kuma idan na karɓi aikin ofis to na binne kaina da hannuna.

Anti, ina tsoron in bari a daidai lokacin da ƙofa za ta buɗe, ina kuma jin kunyar matata. Me zan yi?

Ɗanki, wani ɗan wasa.

Wa alaikumus salam ɗana.

Na karanta wasiƙarka sau biyu, kuma wurin da ya tsaya mini a rai shi ne layin nan da matarka ta ja ba ta rubuta jimla ba. Zan dawo kansa. Bari in fara da maganar abokinka, domin ita ce ta ɗaure ka, cewa wai wanda ya karɓi aikin albashi ya binne kansa.

Wannan magana ba gaskiya ba ce, tarihin sana'ar taku ma ya ƙaryata ta. Konstantin Stanislavski, mutumin da har yau makarantun wasan kwaikwayo suke koyar da hanyarsa, ɗan gidan masu masana'anta ne a Rasha, kuma ya shekara da shekaru yana tafiyar da masana'antar zaren zinariya ta danginsu yana kuma hawa dandamali. Ko bayan da shi da abokin aikinsa Nemirovich-Danchenko suka kafa shahararren gidan wasan nan na Mosko a 1898 bai saki aikin masana'antar ba, sai da juyin juya halin 1917 ya raba shi da ita. John Cassavetes na Amurka, wanda masu fim mai zaman kansa suke ɗauka uba a gare su, yakan je ya fito a manyan finafinan Hollywood don kuɗi kawai, ya dawo ya zuba abin da ya samu a nasa. Wani fim ɗinsa da ya fita a 1968, yawancinsa a cikin gidansa aka ɗauke shi, da dare, saboda mutanensa suna neman abinci da rana. Waɗannan mutane sun gane cewa dole wani abu ya ciyar da sana'ar kafin ita ta ciyar da su. Kai ma ka daɗe kana yin haka da koyarwa da tuƙi, bambancin kawai shi ne yanzu an miƙo maka abu mai tabbas, shi ya sa ya yi maka kama da sallama da dandamali.

Game da tsoron da kake ji na cewa lokaci yana ƙure maka, ka sani ɗan wasa ba ɗan ƙwallo ba ne da ƙafa za ta gaza masa. Morgan Freeman, ɗan wasan Amurka wanda aka haifa a 1937, ya yi shekaru yana wasan dandamali da wani shirin yara na talabijin, kuma yana da shekara 50 aka fara sa sunansa a takarar lambar Oscar. Ban kawo shi don in yi maka alkawarin irin rabonsa ba, domin a bayan kowane irinsa akwai dubbai masu hazaƙa da ba wanda ya san sunansu. Na kawo shi ne don ka ga cewa shekara 36 ba magariba ba ce a wannan sana'a, kuma ba a kan fim guda ɗaya rayuwar ɗan wasa take rataye ba.

Yanzu mu zo kan “sai an sayar da fim”, domin nan ne nake ganin an daɗe ana cin guminka. Idan aka sayar da fim mai zaman kansa, kuɗin ba hannun darakta yake fara shiga ba. Dillalin da ya nemo mai saye zai cire kasonsa da abin da ya kashe wajen talla, mai rarrabawa zai cire nasa, a biya basussukan da aka ci wajen tace hoto da gyaran sauti, sannan waɗanda suka zuba jari su karɓi uwar kuɗinsu, galibi har da wani ƙari a kai. Abin da ya rage bayan duk wannan shi ake kira riba, kuma a finafinai da yawa ba abin da yake ragewa. Saboda haka mai yiwuwa ne abokinka ya sayar da fim ɗin farko kuma shi kansa bai tsira da komai ba. Ba zan kira shi azzalumi ba tunda ban ji ta bakinsa ba. Laifin da nake gani a fili shi ne shirun da ya yi maka shekara uku, ya kuma dawo da buƙata ta biyu ba tare da ya buɗe maka lissafin ta farko ba. Kai ma kana da naka kason, domin jin nauyi ya hana ka tambayar abin da yake haƙƙinka. Ba don komai 'yan wasan dandamali na Amurka suka kafa ƙungiyarsu a 1913 ba sai don irin wannan, lokacin da ake sa mutum ya yi makonni yana atisaye ba biya, ko a watsar da shi a wani gari idan wasa ya karye.

Batun Sundance kuwa, ka ɗauke shi a matsayin fata. Duk shekara dubban dogayen finafinai ake aika wa wannan biki, waɗanda ake zaɓa kuwa kimanin ɗari ne, kuma a cikin waɗanda aka zaɓa ɗin ma akwai masu komawa gida ba su sami mai saye ba. Ina fatan fim ɗin abokinka ya shiga, amma mai ciki wata biyar ba za ta jira sakamakon wannan ba, domin tsakanin gama ɗauka da tacewa da zuwa biki da sayarwa ana iya cinye shekara biyu.

Shawarata ita ce ka karɓi aikin. Kafin ka sa hannu, ka tambaye su yadda tsarin hutunsu yake da kuma ko suna ba da hutu ba albashi, kuma kada ka ɓoye musu cewa kai ɗan wasa ne, domin abin da aka sani tun farko ba ya zama abin tuhuma daga baya. Wasan dandamali dama da yamma da ƙarshen mako ake yin yawancinsa, don haka ƙungiyarku ba za ta rasa ka ba, sai dai ka rage yawan wasannin da kake shiga. Ba zan ɓoye maka ba, za ka gaji. Akwai ranar da za ka tashi daga ofis ka shiga atisaye muryarka a dushe, ka ga wani yaro da bai kai ka iyawa ba ya karɓi rawar da kake so saboda shi yana da lokaci. Wannan zai yi ciwo, kuma asara ce ta gaske. Amma akwai abin da za ka samu wanda ba ka taɓa samu ba cikin shekara 12, wato ikon cewa a'a. Mai yunwa kowane labari aka miƙo masa karɓa yake yi, wataƙila ma shi ya sa uku daga cikin finafinanka tara suke kwance a kwamfutar wani.

Sannan ka je wurin abokinka, ku biyu kawai, ka fara da fim ɗin farko. Ka tambaye shi cikin mutunci wa ya saya, nawa aka biya, ina kuɗin ya tafi. Yadda ya amsa zai nuna maka wane ne shi fiye da duk abin da zan iya faɗa maka daga nan. Idan ya buɗe maka takardu, to ka gaya masa kana son rawar, amma a kan sharaɗin a ba ka wani abu a hannu ko yaya yake, a rubuta sauran a yarjejeniya mai sa hannu wadda ta faɗi adadin kuɗin da matsayinka a layin masu karɓa, ta ba ka damar ganin lissafi, ta kuma ba ka haƙƙin karɓar wasu fitowarka don nuna wa masu neman 'yan wasa ko da fim ɗin bai fita ba. Ka kuma nemi a ɗaga ɗaukar zuwa lokacin hutunka, ko a tattara fitowarka cikin kwanaki kaɗan, abin da ƙananan finafinai suke yi kullum idan suna son ɗan wasa da gaske. Idan ya ce ba zai iya jira ba ya ba wani, to ka yi masa fatan alheri da zuciya ɗaya. Za ka yi baƙin ciki, ba laifi ka yi.

Amma kafin duk wannan, tun kafin ka kira kamfanin ko abokinka, ka ɗauko takardar nan ka zauna da matarka. Ta kife ta ne don kada ta karya maka gwiwa, kuma mace da take ɗauke da haya da ciki, ta kuma ɗauki nauyin ɓoye maka damuwarta, kayan sun yi mata yawa. Kada ka je mata da hukuncin da ka riga ka yanke, ko da kuwa hukuncin karɓar aikin ne, domin idan ka yi haka za ta kwana da tunanin ita ce ta raba ka da abin da kake so, kai kuma wata rana cikin fushi za ka iya faɗa mata hakan. Ka gaya mata ka ga lissafin. Ka tambaye ta abin da take tsoro, ka faɗa mata naka, ku amince a kan wasa nawa za ka iya shiga a shekarar farko ta jariri, sannan ku rubuta jimlar tare.

Allah ya sauke ta lafiya. Ka rubuto mini bayan kun gana da abokin naka, ina son jin abin da ya ce game da fim ɗin farko.

Anti.