Mai gandu ba kuɗi: bashi da girman kai a wasannin Ingila ta da

Malama, kin tambaya me ya sa a wasannin talabijin masu nuna Ingila ta ƙarni na 19 ake ganin mai katafaren gida da gandu ya kasa biyan tela, amma yana raina ɗan kasuwar da ke bin sa bashi.

Dukiyar mai gandu ƙasa ce, abin da ke shigo masa kuwa hayar manoma. Gandaye da yawa an ɗaure su da yarjejeniyar gado: babban ɗa ke gada, kuma ba shi da ikon sayarwa yadda ya ga dama. Sai jingina. Magaji yakan tarar da bashin ubansa, ga kason auren ƙannensa mata, ga kuɗin shekara na mahaifiyarsa, duk a wuyan ƙasa ɗaya.

Shi ma bashin hawa-hawa ne. Na caca ana gaggauta biya saboda mutunci, na tela da mahauci kuwa sai ya shekara. Ɗan Majalisar Sarakuna ba a kama shi kan bashi, amma ƙaramin ɗan kasuwa kurkukun Marshalsea ko Fleet ke jiran sa, kafin a rufe su a 1842. Dokar 1869 ce ta soke yawancin ɗaurin bashi.

Gabar da ke tsakanin masu gandu da 'yan kasuwa ta ƙara zafi a shekarun 1870, da alkamar Amurka mai araha ta karya hayar gonaki. Masu masana'antu ga kuɗi ba asali, masu sarauta ga asali ba kuɗi, sai aure ya koma ciniki. Haka Consuelo Vanderbilt, 'yar attajiran jirgin ƙasa na Amurka, ta auri mai sarautar Marlborough a 1895.