Basasar Kano: Rahoton Bature Ya Saɓa wa Labarin Dattawanmu

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina rubuta kundin digiri na biyu a kan Basasar Kano. Abin da dattawan garinmu suka faɗa mini ya saɓa wa rahoton Baturen da na samo a gidan adana takardun tarihi na Kaduna. An ce in watsar da maganarsu tunda ba a rubuce take ba. Hankalina ya tashi ƙwarai.

Amsa: Wa alaikumus salam. Kwantar da hankalinka, kada ka watsar da komai. Wannan zance na cewa duk abin da ke rubuce shi ne gaskiya ya lalata kundaye da yawa, kuma abin haushi har wasu masu duba aikin ɗalibai suna yaɗa shi.

Shi Baturen wa ya ba shi labari? Rikicin ya tashi a 1893, da Sarkin Kano Muhammadu Bello ya rasu, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya naɗa Tukur ɗan Bello, Yusufu ɗan Abdullahi Maje Karofi ya fice da jama'arsa zuwa Takai. Bayan rasuwar Yusufu, ɗan'uwansa Aliyu Babba ya ci Kano a 1894, aka kashe Tukur a 1895. Turawa sai 1903 suka iso, suka naɗa Abbas, shi ma ɗan Maje Karofi. To jami'in da ya fita rangadin ƙidayar haraji ta bakin tafinta yake ji, a gaban hakimi da fadawansa, mulki kuma yana hannun Yusufawa. Wane ne daga Tukurawa zai buɗe baki a irin wannan zama? Rahoton nan shi ma labarin baka ne, tafireta kawai aka buga shi da ita. Tarihin Kano da Bature Palmer ya fassara kuwa a kan Bello ya tsaya, bai kai ga basasar ba.

Amma dattijo ma yana da ɓangare. Gana da su ɗaya bayan ɗaya, ba a zauren dagaci ba, don a can bakin kowa ɗaya ne. Tambayi kowanne daga wa ya ji, kakansa kuma wa ya bi. Bayan makonni ka koma ka sake tambaya, ka lura da abin da ya sauya. Sannan ka gwama da wasiƙun Larabci na zamanin Wazirin Sakkwato Buhari, ka karanta littafin Adamu Mohammed Fika na 1978 a kan basasar har da majiyoyinsa. Inda ruwayoyi suka saɓa, kawo su duka a kundin, ka bayyana wadda ka rinjayar da hujjarka.